Kalmar da Farfesa Ya Binne

Ranar Litinin da safe Farfesa Lionel Fanshawe ya kashe kalmarsa ta ɗari huɗu da sha ɗaya. Shi ba ya buƙatar wuƙa. Alƙalami yake tsomawa a tawada ya zana ɗan gicciye a gaban kalma, shi ke nan, Babban Ƙamus ya sanar da duniya cewa ta mutu, babu sauran mai furta ta a ƙasar Ingila.

Mamaciyar ranar ita ce thole.

"Ma'anarta uku," in ji shi, yana kallon rufin ɗaki kamar a can aka rubuta masa. "Jure wahala. Zama da wanda ba ka so ba tare da ka nuna ba. Sai kuma ƙyale abu ya wuce. Ta yi zamaninta a bakin mawaƙan da. Yau ko tumaki sun daina."

Ma'aikata suka yi dariyar da ake yi wa mai biyan albashi. Ai Farfesa ba abin wasa ba ne. Maraya ne, ɗan wani kanar da zazzaɓi ya ɗauke tare da matarsa a Indiya. Kowa ya san wannan, domin shi ba ya bari a manta. Turancinsa kuwa ko a fada sai an gyara zama. Kalmar thole ce kaɗai ta fito masa da wani irin nauyi, a miƙe, daga can ƙasan maƙogwaro.

Harriet Ollerenshaw ta shekara goma sha takwas a wannan ofis na Landan tana jera takardun da masu karatu ke aikowa da misalan kalmomi, ba a taɓa jin tarinta ba. Ranar nan ta ga dama.

"Ranka ya daɗe, akwai takardar wani limamin coci daga arewa. Ya ce ya taɓa jin ta a kasuwa."

Farfesa ya sauke tabarau ya dube ta, kamar kujera ce ta yi magana.

"Ya taɓa ji! Malama, kwari goma sha ɗaya na taka a arewa da ƙafata, ban ji ta ba." Ya zayyana mata sunayensu a takarda. "Kin san ƙa'ida. Shaida mai rai, da sunansa da ƙauyensa, a gaban kwamiti. Ki kawo shi ranar Juma'a, in goge gicciyen. In ba haka ba, ki kwashe kofin shayinki ki ba wata wuri."

Harriet ba ta da miji, ba ta da gado, tebur ɗin nan shi ne cinta da shanta. Tsoro ya kama ta sosai. A cikin jirgin ƙasa ta shimfiɗa taswira, ta ƙirga kwarin yankin. Sha biyu ne. Ashe manyan masana ma suna mantuwa! Ta sauka a na sha biyun, wanda babu shi a takardar Farfesa.

Kwana biyu tana bin ƙauyuka cikin ruwa da taɓo. Makiyaya suka kalli takalmanta, suka ce su tumaki suka sani. Ranar Alhamis wata mai gasa burodi ta nuna mata gidan ƙarshe a ƙauyen Kelderby.

"Je ki wurin Tabitha Raistrick. In maganar da kike nema tsohuwa ce, tare suka tsufa."

Tsohuwar ta zaunar da ita gaban murhu, ta zuba mata shayi baƙi ƙirin. Harriet ta bi dokar aikin, wato ba a saka wa shaida kalma a baki. Ta tambayi lafiyar gwiwa, da sanyin bana, da wanda ke saro mata itace.

"Wa kuwa, 'yar nan? Ɗa ɗaya gare ni, Jabez. Kai gare shi kamar me, limaminmu ya kai shi makaranta a kudu. Shekara talatin da huɗu ke nan, ko wasiƙa. Ba na cewa ya mutu, ba na cewa yana raye. Me zan yi? Sai thole."

Saura kaɗan kofin ya suɓuce wa Harriet. Ga kalmar da ranta, kuma da nauyin nan, a miƙe, daga ƙasan maƙogwaro. Dole ta sara wa Farfesa a zuci: mutum ya ƙware har ya iya furucin abin da bai taɓa ji ba.

"Inna, za ki bi ni Landan?"

"In yi me? Sayar da ni za ki yi?"

A jirgi ta yi mata bayanin gicciyen, cewa alama ce da ake sa wa abin da aka gama da shi. Tsohuwar ta yi tsaki.

"Su da ba su zo jana'iza ba, wa ya gaya musu?"

Ranar Juma'a kwamiti ya hallara, dattawa bakwai masu gemu da agogon aljihu. Farfesa yana tsaye ya ba ƙofa baya, yana ba su labarin kabarin mahaifiyarsa a Indiya, da yadda har yau bai samu zuciyar ziyartarsa ba. Wani dattijo har ya ciro hankici.

"Ranka ya daɗe," in ji Harriet, "ga shaidata."

Ya juyo da murmushinsa a shirye. Murmushin bai kai ko'ina ba. Alƙalamin da ke hannunsa ya faɗi, tawada ta fantsama a kan takalminsa mai sheƙi.

Tsohuwar ta tako a hankali da sandarta, ta tsaya daf da shi, ta daɗe tana duban furfurar da ke kansa.

"Jabez," ta ce, "ashe ni ma ka sa mini gicciyen?"