Injiniyan da Ya Ƙi Ƙara Wuta

Malam Tanimu, kai da ka buɗe shago watan jiya kake so ya kai ka Makka bana, zauna ka ji wani misali.

A can ƙasar Norway an yi wani injiniya da ya ƙare ƙuruciyarsa a aikin narkar da tama, dutsen nan da ake fitar da ƙarfe daga cikinsa. Ilimi kam ba a magana, sai dai mutumin akwai garaje. Aka ba shi ginin babban tanderun wata masana'anta a wani ƙaramin gari na bakin teku. Ginin bai gama shan iska ba ya ce a sakar masa wutar lantarki gaba ɗaya. Wani tsohon magini ya ce masa, "Yallaɓai, tubalin nan da sauran danshi a cikinsa." Ya yi masa kallon uku saura kwabo, ya ba da umarni. Kafin rana ta yi tsaka danshin ya zama tururi, ya nemi hanyar fita ya rasa, bango ya tsage tun daga baki har gindi. Shekara guda ma'aikata ɗari uku suna zaune a gida, shi kuwa kunya ta hana shi ko ratsa kasuwa. Masu masana'antar suka ce za su sake gwadawa sau ɗaya tak. In ya kuma tsagewa a rufe wurin, mutanen gari kowa ya kama gabansa.

Da aka gama sabon gini, da ƙafarsa ya je gidan tsohon nan ya ba shi haƙuri. Tsoho bai yi dogon zance ba, wani ɗan madubi ya miƙa masa, ya ce ya riƙa kara shi a kafar da iska ke fita, muddin ya yi raɓa kada ya sa wuta sai kaɗan. Injiniya ya sa aka hura 'yar wuta wadda ko kunu ba za ta dama ba. Kullum da safe ya kara madubi, ya ga raɓa, ya koma ya zauna. Masu wuri suna ta aiko masa da saƙo, ma'aikata suna tambayar juna ko ɗumamen tuwo aka kira su yi. Ran kwana goma sha biyar raɓar ta zama 'yar ƙanƙanuwa, zuciya ta ce masa ai wannan ba komai ba ce. Har ya ɗora hannu a kan makunni, sai ya tuna ƙarar tsagewar bangon nan, tsoro ya kama shi, ya janye hannunsa. Sai a kwana na ashirin da shida madubi ya fito a bushe ƙarau. Aka loda tama, aka saki wuta. Dutse ya yi ja, ya yi fari, ya yi laushi. Da aka huda gindin tanderu, sai ga ƙarfe yana kwararowa ruwa tsululu, ma'aikata suna ihu, shi ko yana share hawaye. Shekara talatin ya yi a wurin, garin bai tashi ba, ranar da ya ajiye aiki kuma madubin nan ya damƙa wa magajinsa.

To ka ji, Malam Tanimu. Kakanninmu ba su taɓa ganin tanderun Bature ba, amma tuni suka faɗa: mai haƙuri yakan dafa dutse, har ya sha romonsa.