Wanda Ya Tare wa Mataimaki Hanya

Ranar da aka kawo sabuwar kujerar darakta, ranar aka sanar cewa babu mai hawanta. Kotu ta ba da umarnin dakatar da duk wani ƙarin girma a ma'aikatar, saboda wani ma'aikaci ya kai ƙara kan sakamakon jarrabawar ƙarin girman. Sanarwar ba ta faɗi ko wane ne ba.

Kujerar ta Mataimaki ce. Ya daɗe yana mataimakin darakta har sunansa na yanka ya ɓace, masinja da mai gadi, kai har jikokinsa, kowa Mataimaki yake ce masa. Ya sha zama jarrabawar nan yana faɗuwa. A faɗuwar farko ya yi ta haƙilo, babu ƙofar da bai ƙwanƙwasa ba, daga baya ya gaji ya bar wa Allah. Sai bana, da furfura da tabarau a kan hanci, ya ci. Ritayarsa kuwa ƙarshen watan gobe ce. In bai hau kujerar kafin nan ba, a Mataimaki zai koma gida, fanshonsa ma na mataimaki.

Baƙin ciki ya hana shi sakat. Kullum da safe sai ya leƙa ofishin darakta, ya ga kujerar cikin ledarta, ya ja tsaki ya wuce. A gida kuwa ko ƙuda ya gifta sai ya sha faɗa.

"Baban yara, wayarka fa tun ɗazu take ruri," in ji matarsa.

"Bar ta! Baƙuwar lamba ce. Masu jaje ne a baki, dariya a ciki."

Waɗanda suka ci tare da shi suka mai da ofishinsa majalisa. Akanta, abokin zamansa, wanda shi ma nasa ƙarin girman ya maƙale, ya rantse in ya gano mai ƙarar sai an raba su. Amma muryar Mataimaki ta fi ta kowa tashi.

"Hassada ce kawai! Ka faɗi jarrabawa, ka koma ka yi karatu mana. Alƙali ne zai rubuta maka amsa? Mutumin da zai tare wa bayin Allah arzikinsu, wallahi ba ɗan halak ba ne."

Aka yi ta zargin juna. Aka daina gaisawa da wani magatakarda, don kawai an gan shi yana dariya shi kaɗai.

Da ranar zaman kotu ta zo, Mataimaki ya ce kowa ya shirya, yau za a ga fuskar munafuki. Shi ya shige gaba, bai tambayi kowa hanya ba, ya kai su kai tsaye ɗakin da ke ƙarshen baranda. Ashe an mai da wurin ma'ajiyar fayil. Kafin su lalubo sabon ɗakin a bene, an riga an kira ƙarar, lauyoyi sun gama surutunsu.

Abin da suka tarar kawai shi ne alƙali yana cewa umarnin dakatarwa na nan daram, an ɗage zama sai bayan hutun kotu. Mataimaki ya ƙirga kwanakin da suka rage masa. Kafin kotu ta dawo hutu, shi ya daɗe da miƙa makullin ofis.

"Ina yake?" in ji Akanta, yana huci. "A nuna mana shi kawai."

Mataimaki ya bi bencin masu ƙara da kallo, babu kowa a kai. Sai wani tsohon lauya da baƙar rigarsa ta koɗe ya juyo, ya ƙura masa ido, fuskarsa ta washe. Ya ratso mutane ya rungume shi a gaban abokan aikinsa.

"Ranka ya daɗe, ina ta kiranka ba ka ɗauka! Ban ce maka gaskiya ba ta tsufa ba? Ƙarar nan da ka shigar tun faɗuwarka ta farko, sai bana layi ya zo kanta, kuma ga shi na tsayar maka da kowa."