Amsar Mama a Bakin Katako

Li-chun na durƙusawa gaban hoton marigayiya, gwiwarta ta ture kaskon turare, toka ta baɗe mata fuska. Ni da nake leƙe ta taga, don katangarmu ɗaya, na ce, "Amarya, tun yanzu har an shafa hoda?"

Ba wanda ya yi dariya. Watan fatalwa ne a birnin Tainan, ba a wasa da mutanen lahira.

Auren Pao-chu, 'yar gidan, Li-chun ta zo nema. Dokar ƙasar ta ba mace damar auren mace, amma yayan Pao-chu, Kun-shan, ya rantse sai uwarsu da ta rasu bara ta yarda. Pao-chu kuma ba ta tsallake maganar uwa.

Kun-shan ya miƙa wa Li-chun jajayen katakai biyu na tambayar matattu. "Jefa. Ɗaya a kife, ɗaya fuska sama, ta yarda. In ba haka ba, ga ƙofa."

Li-chun ta dubi Pao-chu. Ita kuwa ta sunkuyar da kai.

Li-chun ta jefa. Ɗaya ya kife. Ɗayan ya tsaya cak a gefensa, kamar an riƙe shi. Babu iska, amma hayaƙin turaren ya karkata wajen Pao-chu.

"Mama," in ji Pao-chu a hankali, "ita ce mai yi miki wanka a asibiti."

Katakon ya kwanta, fuska sama.

"Sake jefawa!" in ji Kun-shan.

Li-chun ta share tokar fuskarta. "Yaya, kai ka jefa. Tambaye ta ko ta gan ka a asibitin."