Kaset Mai Kiran Gida

Ina ƙarama, wata la'asar a garejin da yake aiki a unguwar Khumra, can ƙasar waje inda muke zaune, Baba ya kunna kaset ɗin da wani ma'aikacin jirgin ruwa ya ba shi. Makaɗan wani salon kiɗa ne da ake kira fank, baƙaƙen fata daga wani ƙaramin garin Amurka, kaset ɗaya suka yi suka watse. Mawaƙin yana ta ihun wata kalma.

"Saurara, 'yata," in ji Baba, hannunsa duk baƙin mai. "Gidan! Gidan! Su ma gida suke nema."

Shi kuwa ba iƙama, wato takardar izinin zama, in ya je gida Damagaram ba dawowa.

Da na koyi Turanci na gane "get down" mawaƙin yake cewa, rawa kawai yake kira. Har Baba ya rasu ban gyara masa ba. Ya fi ni jin waƙar.