Yawun Hedimasta

Minti ashirin tsohon hedimasta ya yi yana tara yawu, har yanzu bai kai layin da aka zana a jikin 'yar kwalbar ba. Mutum ne da ko a aji, in ɗalibi ya yi atishawa sai an buɗe tagogi duka. Yau ga shi a teburin cin abinci yana tofi, yana yamutsa fuska kamar ya haɗiyi ƙuda.

'Yarsa mai aikin gwajin jini ce ta kawo kwalaben, ɗaya tasa, ɗaya ta ƙaninsa tela. Ta ce akwai wata alama da ɗa namiji ke gada daga uba, uban daga nasa uban, haka har dubban shekaru baya, kuma da ita masana ke bin sawun mutanen farko su ga inda suka bi suka watsu a duniya. Yawun mace ba ya ɗauke da ita. Hedimasta ya ce shi ba ya bukatar na'ura ta gaya masa asalinsa. Tun yana ƙarami ya san kakanninsa daga nesa suka taso, dogaye, masu littattafai. Takarda kawai yake so ya liƙa a saman bishiyar dangin da ya shekara shida yana zanawa.

Ranar ma iskar gidan ba ta shaƙuwa saboda wari. Kwata ta toshe, mai yashewa yana tsakar gida, hannu dumu-dumu har gwiwa. Hedimasta ya ce a ba shi ruwa a gwangwani, in ya gama a jefar da gwangwanin. Matarsa kuwa, wadda dangi ke kira Sabulu a bayan idonta don ko sabon cokali sai ta wanke shi sau uku, tana ta kai da komo da tsumma da ruwan zafi.

Da ƙyar yawu ya kai layi. Ya bar kwalbar a buɗe don kumfa ya kwanta, ya shige banɗaki kuskure baki, ya haɗa da wanka. Ya daɗe. Da ya fito ya tarar an rufe ta tsaf an sa a ambulan, teburin har yana ƙyalli.

Shi kuwa tela, can a shagonsa, allura ya cire daga baki, ya yi tofi huɗu, ya mayar da allurarsa.

Bayan mako shida takardu suka iso, kowa da taswirarsa, da kibiya mai nuna hanyar da kakanninsa suka bi. Kibiyar hedimasta doguwa ce, ta ƙetare teku ta zaga duwatsu ta dawo, kuma an rubuta cewa masu irinta ba su da yawa. Ta tela gajeriya, ko ƙugiya ba ta yi ba, irin wadda za a samu a jikin rabin mazan kasuwa.

'Yar ta dubi takardun ta sake dubawa. Ta ce wa da ƙani uba ɗaya ba sa rabuwa haka, a sake gwajin. Ta ƙara da cewa waɗannan tafiye-tafiyen an yi su tun ba a san littafi ba, kuma duk kiban daga wuri ɗaya suka taso. Hedimasta ya ce ba zai sake wannan ƙazantar ba ko da bindiga, kuma gaskiya ba a yi mata gwaji biyu. Mahaifiyarsu dai ya wanke ta, Allah ya jiƙanta. Laifin ya ɗora wa ungozomomi: musanya aka yi a ɗakin haihuwa shekara hamsin da bakwai da suka wuce, aka ba su ɗan wasu. Dama ya sha lura da yadda tela ke zuƙar shayi da ƙara.

Tun daga ranar aka ware wa tela kofinsa. In ya tashi daga kujera, hedimasta ya sa a kakkaɓe. Sabulu ta yi ta kakkaɓewa, sai dai abinci ya daina shigar mata, ta rame har zobe na zamewa.

Ranar taron dangi falo ya cika. An kafa taswirar hedimasta a bango cikin gilashi, bishiyar dangi a ƙarƙashinta. Hedimasta ya yi jawabi na awa guda da sanda a hannu, yana bin kibiyar kamar da shi aka yi tafiyar. Sannan ya sanar cewa shagon da ke ƙofar gidan gado na 'ya'yan gida ne, tela ya kwashe kekensa kafin ƙarshen wata.

Tela ya miƙe, ya nuna hoton mahaifinsu a bango.

"Yaya, dubi kunnen Baba, ka dubi nawa."

"Kunne kowa na da shi. Ni da takarda nake magana."

Ya ɗauko reza ya durƙusa gaban bishiyar, ya fara kankare sunan ƙaninsa harafi-harafi. Matar tela ta rufe fuska da mayafi. Ba wanda ya motsa, sai ƙarar reza a kan kwali.

Yana kan harafi na uku Sabulu ta shigo da tiren shayi. Ta tsaya, ta dire tiren a ƙasa, abin da ba ta taɓa yi ba tun da aka kawo ta gidan.

"Malam, ajiye rezar nan. Na ga kwalbar yawu a inda muke cin abinci, na wanke ta da sabulu, sai daga baya na tuna ko ta mece ce. An ce sai na namiji, kuma ban da kai, namijin da ke cikin gidan ranar mai yashe kwata ne, shi na ba ya tofa a ciki."