Maci Amanar Unguwar Gichuhi

Mwalimu Gichuhi, tsohon hedimasta, ya ajiye kofin shayi da ƙarfi har murfin gwangwanin sukari ya yi tsalle. Kotu ta dakatar da umarnin ƙaramar hukuma na rufe gonar shanun maƙwabcinsa Ndirangu, sai an saurari ƙara. Sauraron ƙara kuwa, kowa a garin Limuru ya sani, ɗan maraƙi kan zama sa kafin ranar ta zo.

Shekara biyu yana yaƙin nan. Shanu tamanin a bayan katangarsa, wari har cikin aljihun kwat. Shi ya kafa kwamitin unguwa, shi ya naɗa kansa shugaba. Takardun koke kuwa ba a magana. Matarsa Nyaguthii ke tattaro su, ta ajiye masa tare da shayin safe, ya bi su da sa hannunsa mai jela kamar ta ɓera, ba tare da ya karanta ba. Ba ya sa tabarau, wai na tsofaffi ne.

Abin da ya fi ƙona masa rai shi ne hujjar alƙali. Wai wani maƙwabci ne ya rubuto cewa gonar alheri ce gare shi.

"Maƙwabci! Ni Baba Wanja ban mutu ba, za a ga tsiya," in ji shi.

"Sha shayinka kada ya huce," in ji Nyaguthii daga kicin.

Mace ce mai tattali, wannan kam yana yaba mata a ko'ina. Shekara biyu tukunyar gas ɗaya ba ta ƙare mata ba, alhali matan wasu kullum suna kan babur da tasu zuwa sayen gas.

Ranar Lahadi ya miƙe a coci ya rantse: duk wanda ya rubuta takardar, za a karanta sunansa a gaban jama'a, a kuma kore shi daga ƙungiyar jana'iza. In ya mutu, shanun su binne shi. Aka tafa masa har da guɗa.

Litinin da sassafe yana ofishin kotu, da shaidu biyu daga kwamiti, don kada a ce ya ɓoye wani. Magatakarda ya zaro takardar, Mwalimu ya ce a karanta da ƙarfi.

"Ni maƙwabcin gonar nan ne. Shekara biyu gidana na girki da iskar gas ta kashin shanun, ta bututun da ya bi ƙarƙashin katanga. In an rufe gonar, shayi ma ya gagare ni."

"Mara kunya! Kawo in ga sunan ɗan banzan!"

Ɗaya daga cikin shaidun ya ara masa tabarau. A ƙasan takardar, kusa da wani zagayen tabon kofin shayi, ga sa hannunsa nan ya miƙe jelarsa kamar ta ɓera.