Furanni Biyu a Bakin Dandamali

Lahadi uku ke nan a jere ana ajiye wa ɗan wasan kwaikwayo Savely Platonovich Dorokhin jajayen furanni a bakin dandamali, kuma kullum guda biyu. A wurinmu mai rai fure ɗaya ake ba shi, ko uku, ko biyar. Biyu na makabarta ne. Ko yaron goye ya san wannan.

Shekarar 1952 ce, zamanin da mutum kan fita sayen burodi a Saratov, iyalinsa su ji labarinsa bayan shekara goma, in sun yi sa'a. Savely kuwa tauraronsa ya fito. Fim ɗinsa na farko, inda ya zama sojan da ya tare tankokin Jamus shi kaɗai, an kai shi har ƙauyukan da ba su san lantarki ba. Sunansa na manne a kowane bango. Da wani ɗan wasan ne, da ya yi ƙiba don daɗi. Shi ramewa ya yi.

Glafira Osipovna, mai kula da tufafin wasa, ta ce mai ajiye furannin wata budurwa ce da ba ta iya ƙirga ba. Ta ce ma za su dace, tunda shi ma sai an kira shi sau biyu yake waiwayowa. Daga nan ta koma tsokanar da ta saba, wai ba ta taɓa ganin ɗan Vologda ta can arewa mai harshen mutanen kudu ba sai shi. Savely ya yi dariya. Ai dariyar dole sana'arsa ce.

A gida ya haɗa ƙaramar jaka: busasshen burodi, safa mai kauri, sabulu. Ya san jami'an asirin da ke zuwa da baƙar mota, an kuma ce wasunsu na son wasa da ɓera kafin su ci. Da aka shirya kai wasa garuruwan arewa, ya ce ƙirjinsa ba zai iya sanyin can ba.

Lahadi ta huɗu, a wasan rana, ya leƙa ta tsagar labule. Ba jami'i ya gani ba. Wata tsohuwa ce da baƙin ɗankwali da takalman ƙauye, furanni biyu a cinyarta. Ba ta dariya, ba ta tafi, fuskarsa kawai take kallo. Sau uku maganarsa na ɓace masa, sai da aka raɗa masa.

Da aka tashi ya same ta a ƙofar baya, cikin ƙanƙara, tana shafa sunan da ke jikin takardar talla.

"Iya, wa ya aiko ki?"

Ta ce babu kowa. Daga wani ƙauye kusa da Vologda ta zo, kwana uku a jirgi, don an karanta mata sunan a ƙarshen fim. Ta ce hukuma ta rubuto mata kalma ɗaya tun lokacin yaƙi, wai ɗanta ya ɓace, ba gawa, ba kabari, ba inda za ta kai fure.

Ya waiga ya duba ko akwai mai jin su.

"Kwantar da hankalinka, ɗan nan, ba zan kai ƙararka ba. Ka riƙe sunan da kyau, ba laifi," in ji ta. "Abu ɗaya za ka gaya min. Sa'ad da ka zare takardun shaida daga aljihun ɗana Savely, ya riga ya cika?"